“Oga Bai Sa Hannu Ba”: Ku Matso Mu Yi Ta, Mutanen Damri

Na san abin da za ku ce tun ba ku buɗe baki ba, mutanen Damri, da ku na Bakura da Mafara da Maradun. Da an ambaci kotu a majalisa sai dattijo ya tura hula ƙeya ya ce, “Yaro, mi kotu ka yi ma talaka? Wa ya taɓa kai gwamnati ƙara ya kwana lahiya?” Kowa ya gyaɗa kai, a zuba shayi na biyu, magana ta mutu. To Baba, yau kam sai kun saurare ni, ko da kuwa kuna hararata.

Abin da ke ba ni dariya, duk faɗin Zamfara ku ne bai kamata ku yi wannan ƙorafi ba. Ƙananan hukumomin nan uku kowacce ta ba jihar gwamna. Bakura ta ba da Ahmad Sani Yarima daga 1999 zuwa 2007, Talatar Mafara ta ba da Abdul’aziz Yari daga 2011 zuwa 2019, Maradun ta ba da Bello Matawalle daga 2019 zuwa 2023. Na ƙarshen nan fa, wa ya miƙa masa kujerar? Ranar 24 ga Mayun 2019 Kotun Ƙoli ta soke ƙuri’un da APC ta samu a jihar, saboda jam’iyyar ba ta yi zaɓen fid da gwani yadda doka ta ce ba. Ranar 29 ga wata aka rantsar da mutumin Maradun. Alƙalai sun zauna a Abuja sun canza mai zama gidan gwamnatin Gusau, wasunku suka yi ta guɗa, wasu suka ƙi cin tuwon dare. Yanzu kuma ku ne ke gaya mini kotu ba ta iya tashin fayil ɗaya daga kan teburin darakta. Haba, Alhaji.

Bari mu sauko ƙasa. A ce ka sayi fili a bakin babban titin Mafara, wanda ya taso daga Gusau ya nufi Sakkwato, kana son jera shaguna shida. Ka kai zanen gini ofis, ka biya abin da aka ce ka biya, aka ce ka dawo bayan sati biyu. Ka dawo, oga ya tafi taro. Ka sake dawowa, oga ya tafi Umra. Da ya dawo aka yi masa canjin wurin aiki, sabon kuma bai karɓi ofis ba tukuna. Kai ko ka riga ka buga bulo, ka sayi siminti ka jibge a sito. Damina ta sauka, buhunan ƙasa suka sha danshi suka daskare, sai da guduma ake fasa su. Ciyawa ta fito tsakanin bulo, awakin unguwa suka mai da harsashin wurin kwana, maginin da ka ba kuɗin kafin alƙalami ya kama wani aiki a Gusau. Buhun simintin da ake saye wajen Naira 5,000 a 2023 ya haura Naira 10,000 a farkon 2024. In ka gaji ka ce bari in ɗora ginina haka nan, ranar da ka kai linta za ka wayi gari ka ga jan fenti a bango. Mutanen da suka kasa samun biro wata takwas, rana ɗaya ta ishe su samun gwangwanin fenti.

Babu wanda ya ce maka a’a, kuma nan gizo ke saƙar. Da an ce a’a, da ka san inda za ka kama. Jinkiri hanawa ce da ba a sa mata hannu ba, shi ya sa ma’aikaci ya fi son ta.

Doka ta san da wannan wayo, ta kuma tanadi maganinsa. Akwai umarnin da babbar kotu ke bayarwa, lauyoyi na ce masa mandamas, wanda ke tilasta wa ma’aikaci ko hukuma yin aikin da doka ta ɗora musu. Kada ka yi saurin washe baki, Malam. Alƙali ba zai karɓi zanenka ya buga masa hatimi ba, don shi ba injiniya ba ne. Abin da zai ce shi ne: ku duba takardar mutumin nan, ku ba shi amsa. In eh ce, ka ci. In a’a ce, ka samu abin kamawa, domin ƙin da aka rubuta ana iya komawa da shi kotu a warware shi a ga ko dalilin yana da tushe. Wanda ya yi maka shiru ya fi wanda ya hana ka wuyar kayarwa, to wannan umarni bakinsa yake buɗewa.

Na ji wani daga baya yana cewa, “Wanga batu na littahi ne, ba a taɓa yi ba.” An yi, Kawu, tun kana saurayi. A 1982 wata mata, Misis Stitch, ta shigo da Marsandi ta tashar Legas, ta nemi lasisin shigo da ita. Ma’aikatar ciniki ta ja ƙafa da gangan har sabuwar dokar tsuke bakin aljihu ta gwamnatin Shagari ta fito, kuɗin fito ya tashi daga kashi 33 da ɗoriya cikin ɗari zuwa kashi 500. Matar ta ƙi haƙura. A 1986 Kotun Ƙoli ta ba ta gaskiya, ta ce hukuma ba ta da ikon riƙe takardar mutum da gangan don ta jefa shi cikin asara. Shekara guda bayan haka, a 1987, lauya Gani Fawehinmi ya kai maganar kisan ɗan jarida Dele Giwa har Kotun Ƙoli, yana neman a tilasta wa mai gabatar da ƙara na jihar Legas ya faɗi matsayinsa, zai gurfanar ko ba zai gurfanar ba, kotun kuma ta ce yana da hurumin neman haka. Wannan fa zamanin soja ne, Babangida na kan mulki. Mota ce da shari’ar kisa, na sani, amma ƙa’idar da ta tashi waɗancan fayil-fayil ita ce za ta tashi na shagunanka.

Yanzu ga inda zan taka muku ƙafa. Kafin alƙali ya saurare ka, tambayar farko ita ce: ka nema an ƙi? Ina shaida? Nan ne gwanayen majalisa ke yin tsit. Alhaji ya yi sawu ya fi a ƙirga, amma duk da baki. Ya aika ɗan ƙanensa da ke aiki a sakatariya. Ya sa wani kansila ya yi waya. Ya kai wa masinja goro, ya kai wa akawu buhun shinkafar Bakolori, ya yi wa darakta “ranka ya daɗe” har maƙogwaronsa ya bushe. Takarda ɗaya mai kwanan wata babu. Rasit ɗin da aka ba shi ma yana aljihun wata tsohuwar riga da Hajiya ta riga ta wanke. Gaban alƙali, duk wannan zirga-zirga daidai take da ba ka taɓa zuwa ba. Ofis zai turo lauya ya ce, ya mai shari’a, mu ba mu san da wannan bawan Allah ba, kuma babu mai ƙaryata shi.

Wasiƙa ce kawai ake so, kofi biyu. Ka rubuta ranar da ka kawo zane, lambar rasit, abin da kake nema, da wa’adin da ka ba su. Ka miƙa ɗaya, a buga maka hatimin karɓa a ɗayar, da kwanan wata da sa hannun wanda ya karɓa. Za ka ga fuskar akawu ta canza lokacin da ka miƙo kofi na biyu, don ya san abin da ake nufi da shi. Fayil da yawa daga nan suke farkawa, ba a ma kai ga lauya ba. In kana son ƙarin tsokana, akwai dokar ’yancin samun bayanai ta 2011, wadda ta ba hukuma kwana 7 ta amsa tambayar ɗan ƙasa, kuma a Afrilun 2025 Kotun Ƙoli ta ce dokar ta hau kan jihohi ma. Ka tambaya a rubuce: fayil ɗina yana teburin wa, tun yaushe?

Wa’adi fa, nawa ne? Dokar tsara birane ta tarayya ta 1992 ta ce kada a riƙe neman izinin gini fiye da wata 3, kuma a ba da amsa a rubuce. Sai dai a 2003 jihar Legas ta kayar da gwamnatin tarayya a Kotun Ƙoli, aka ce tsara birane hurumin jihohi ne. Saboda haka lauyanka dokar Zamfara zai fara buɗewa, wadda hukumar tsara birane ta ZUREPB da hukumar filaye ta ZAGIS ke aiki da ita. Ko inda doka ba ta yanka rana ba, kotuna sun daɗe da cewa aikin hukuma sai an yi shi cikin lokacin da hankali zai ɗauka. Shekara biyu a kan zanen shago shida, ko lauyan gwamnati sai ya sunkuyar da kai kafin ya kare ta. Wasu wurare ma sun wuce nan. A Faransa in ka nemi izinin gina gidan zamanka aka yi wata 2 ba a ce maka komai ba, a mafi yawan lokuta shirun ya zama izini. Najeriya ta kwaikwayi irin wannan ga ma’aikatun tarayya, da umarnin da muƙaddashin shugaban ƙasa Osinbajo ya sa wa hannu a Mayun 2017, sannan da dokar sauƙaƙa kasuwanci ta 2023. Kada wani ya ɗauki wannan ya je ya zuba dakin a Mafara ya ce ni na ce. Na tarayya na ce.

“Mu nan Damri wa ka neman izinin gini? Mai unguwa da shaidu biyu sun isa.” Gaskiyarka, Baba. A ƙauye mutum na kwaɓa ƙasarsa ya ja katangarsa, kuma in rigima ta tashi a kan iyaka, ko indararon maƙwabci na zuba a tsakar gidanka, ko ya huda taga tana kallon turakar iyalinka, alƙalin kotun shari’a ya ishe ku, littattafan Malikiyya sun yi wa waɗannan filla-filla. Amma ranar da gwamnati ta zo da hanya ko makaranta ko layin wuta ta bi ta kan gidanka, lissafi ya canza. Dokar filaye ta 1978 ta damƙa ƙasar jiha a hannun gwamna, ta bar wa ƙaramar hukuma ba da shaidar mallaka a karkara. Ta yarda a karɓe fili don amfanin jama’a, diyya kuma a kan abin da ka ɗora ake biya, wato gini da shuka da itatuwa. Sashe na 44 na tsarin mulkin 1999 ya ce a biya da gaggawa, ya kuma ba ka damar zuwa kotu a kan hakkinka da adadin kuɗin. In an zo an auna, an rubuta sunanka, an rushe, sannan aka bar ka da “ana kan aiki”, wannan ba aikin kotun shari’ar garinku ba ne. Babbar kotu ce ke iya ba ma’aikata umarni. Haka ɗan kwangilar da ya gina ajujuwa ya sa kwano ya shafa fenti, yara na karatu a ciki, shi kuma yana jiran injiniyan da zai zo ya sa hannu a takardar kammala aiki, masu bulo da masu rodi na sallama a ƙofar gidansa kullum asuba.

Nan zan ajiye zolaya kaɗan, don akwai abin da ba a wasa da shi. Rashin yardarku da hukuma ba daga sama ya faɗo ba. An fara gina madatsar Bakolori a kan gulbin Sakkwato a 1974, kamfanin Impresit na Italiya ya yi aikin, aka gama a 1978. Ruwa ya ci ƙauyuka da gonaki, aikin shimfiɗa filayen ban ruwa ya hana mutane noma damina bayan damina, diyya kuma ta yi ta tafiyar hawainiya tsakanin masu auno da masu lissafi. Manoma suka gaji suka tare hanyoyin aiki. A ƙarshen 1979 gwamnan Sakkwato Shehu Kangiwa, wanda yankin ke ƙarƙashinsa a lokacin, ya yi alkawarin share musu hawaye. A Afrilun 1980 aka turo ’yan sandan kwantar da tarzoma, aka buɗe wuta a Birnin Tudu da kewaye. Gwamnati ta ce mutum ashirin da ’yan kai suka mutu, wasu masu bincike suka ce sun haura 380. Duk wanda kakansa ya ga wannan rana yana da hujjar tsuke baki in an ce masa ya tunkari hukuma. Ni dai abin da na karanta a cikin labarin shi ne, jinkirin ofis na iya kai gari ga makabarta, kuma tsarin mulkin 1979 da ke aiki a lokacin ya riga ya ce a biya diyya da gaggawa. Hakkin na rubuce, isa gare shi ne ya gagari manomi. Shi ya sa nake son jikokinsu su san ƙofar.

To mu koma, don na ga Alhaji ya fara murmushin “ai na faɗa”. Tanadi sauran hujjojinka, ni zan kawo maka su da kaina. Kotun da za ta hukunta mai jinkiri ita ma gwanar jinkiri ce. A 2021 ma’aikatan shari’a sun rufe kotunan ƙasar nan daga Afrilu zuwa Yuni suna yajin aiki. Tsarin mulki ya ce a yanke hukunci cikin kwana 90 bayan jawabin ƙarshe na lauyoyi, amma kafin a kai ga jawabin ƙarshen, ɗage zama sai ya sa ka furfura. In lauyanka ya kuskure ƙofa, ya kai hukumar jiha Babbar Kotun Tarayya da ke Gusau ko ya kai ta tarayya inda bai dace ba, sai a shekara ana gardamar hurumi, ba a taɓa maganar shagonka ba. Hanya ma abin dubawa ce. Mutanen da aka kai wa hari a Damri da Sabon Garin Damri da Kalahe a Mayun 2022 ba sa bukatar a gaya musu abin da fita da sassafe zuwa Gusau ke nufi.

Cin shari’a kuma daban, karɓar kuɗi daban. A Yunin 2023 gwamnatin Kano ta rushe shagunan filin Idi. A Satumban shekarar Babbar Kotun Tarayya ta ce a biya masu shagunan Naira biliyan 30. Da aka zo biya, aka yi ta ja-in-ja, a Disamba aka sasanta a kan biliyan 3. Ga kuma sashe na 84 na dokar zartar da hukunci, wanda ya ce kafin ka taɓa kuɗin gwamnati da ke hannun jami’inta sai Antoni Janar ya yarda, wato lauyan wanda ka kayar. Na ji ka, ka yi dariyarka. In ka gama, ka gaya mini nawa ’yan kasuwar Kano za su samu da sun zauna a gindin bishiya suna cewa ba a shari’a da gwamnati. Biliyan 3 ɗin takardar kotu ce ta jawo ta teburin sulhu.

Abin da ya fi ba ni haushi a cikin dokokin nan shi ne agogo. Hukuma na iya barci shekara uku a kan takardarka, kai kuwa wata 3 aka yanka maka. Akwai dokar kare ma’aikatan gwamnati, gadon Turawa tun 1916, wadda ta ce in za ka kai ma’aikaci ƙara a kan abin da ya yi ko ya ƙi yi a bakin aikinsa, to cikin wata 3. Ƙa’idojin babbar kotu ma kusan haka suka tsara ga mai neman umarnin tilas, kuma sai alƙali ya fara ba ka izinin shigar da ƙarar. Hukumomi da yawa dokarsu ta ce sai ka ba su sanarwar wata guda kafin ka kai su. Kotuna sun sassauta a kan rigimar kwangila da ta neman fili da kuma cutarwar da ke ci gaba, amma wa ke son ya jingina shagunansa da sassauci? Haƙurin da kuke taƙama da shi, wanda ake cewa mai shi kan dafa dutse, a nan shi ne ke ƙone ƙarar. Lauyan gwamnati ba abin da yake so irin mai haƙuri.

“Kai hwa yaro, kai hukuma ƙara rashin kunya ne.” Inna, wannan kuma ban yarda ba, ko da za ki hana ni fura. A ƙasar da Shehu Usmanu ya rubuta Kitabul Farƙi yana sukar sarakunan da ba a ganinsu sai da gaisuwa, ƙanensa Abdullahi kuma ya rubuta Liya’ul Hukkami yana tsara yadda za a bi wa talaka hakkinsa a hannun masu mulki, ba za a ce neman amsa daga ma’aikaci baƙon abu ne ba. Malamanmu kullum suna karantar da cewa mai hali ya ja wa mai hakki rai zalunci ne. Jihar da ta riga kowa ƙaddamar da shari’a a Oktoban 1999 ita ce ya kamata fayil ya fi jin tsoron kwana a cikinta. Buhun shinkafar da ake kai wa akawu, shi ne abin jin kunyar.

Wanda aljihunsa bai kai lauya ba, akwai Hukumar Karɓar Koke-koken Jama’a da aka kafa a 1975 zamanin Murtala, aikinta ke nan bin ma’aikatun da suka danne ko suka ja ƙafa, kuma ba a biyan ko sisi. Ba ta da haƙoran kotu, amma wasiƙarta na sa darakta ya nemi fayil. Waɗanda hanya ɗaya ta ci gidajensu kuma, su haɗa kai su ɗauki lauya ɗaya, a raba kuɗin. Kuna haɗa kuɗin taki da na gyaran famfon burtsatse, wannan ma haɗawa ake yi.

Saboda haka Alhaji, kafin kasuwar Talata mai zuwa, a nemo rasit ɗin nan. A sa ɗalibi mai kyan rubutu ya rubuta wasiƙa, a yi mata hoto kofi biyu, a je a karɓo hatimi, a rubuta ranar a bangon sito kusa da simintin. Wanda ya yi haka aka yi masa shiru har wa’adi ya cika, ya tafi wurin lauya tun wata 3 ba su shige ba. Wanda bai yi ba kuma, in mun haɗu a majalisa ya sha shayinsa, ya bar kotu ta huta da bakinsa.